Forthwith: Kalmar Da Ba Ta Da Agogo

 

Akwai wata kalmar Turanci guda ɗaya da nake ganin ta fi kowace kalma tayar wa mutanenmu hankali a nan Kudu, alhali mafi yawanmu ba mu taɓa jin an furta ta da baki ba, a takarda kurum muke gamuwa da ita. Kalmar ita ce forthwith. Ba za ka ji kwandasta ya faɗe ta a Oshodi ba, ba za ka ji ta a bakin matan da ke ciniki da 'yan gwari a Mil 12 ba, hasali ma ko malamin makarantar da ke koya wa 'ya'yanmu Turanci ba ya sa ta a hirarsa. Amma ranar da mai gidan haya ya ga dama, ko shugabannin kasuwa suka tashi daga taro, ko ƙaramar hukuma ta tuna da rumfunan bakin titi, to sai ka wayi gari da takarda manne a bango, ga hatimi a ƙasa, ita kuma kalmar tana tsaye a ƙarshen jimla kamar dogari a ƙofar fada. A tashi forthwith. A biya forthwith. A rufe forthwith.

Ra'ayina a kanta shi ne, tsoron da muke yi mata ya wuce ƙarfinta, sannan kuma a 'yan wuraren da take da ƙarfin gaske, a nan ne muke yi mata riƙon sakainar kashi. Duka biyun suna jawo mana asara.

Ko faɗinta ma wahala ne. Mu Hausawa in mun zo kan harafin nan na Turawa da ake sa harshe tsakanin haƙora, sai mu mai da shi "s" ko "z", mu ce foswiz. Maƙwabtanmu Yarabawa su kuma su mai da shi "t", su ce fotwit. Wannan duk mai sauƙi ne. Inda gizo ke saƙar shi ne wajen fassara, domin kalmar tana da 'yan uwa da dama masu kama da ita. Akwai herewith, wadda ma'anarta "tare da wannan takarda", ba ruwanta da lokaci. Akwai henceforth, wato "daga yanzu har abin da ya yi gaba". Akwai hitherto, wato "daga can baya har zuwa yanzu". Sai kuma babbar mai rikita mutane, fortnight, wadda ke nufin mako biyu. Na san wani bawan Allah mai sayar da albasa da aka kawo wa takarda daga ƙungiyar kasuwarsu cewa ya kwashe buhunansa daga kan hanyar wucewa forthwith. Ya kira wani yaro ɗan sakandare ya duba masa, yaron ya ce ai mako biyu aka ba shi. Mutumin nan ya kama hanyar gida bikin ƙanwarsa da kwanciyar hankali. Kafin ya dawo an fitar da kayan an jibge a fili, ruwan Ikko kuma kun san ba ya neman izini. Yaron ba mugu ba ne, kalmomin ne suka yi masa kama a ido.

To me kalmar take nufi? In ka buɗe ƙamus zai ce maka: nan take, ba tare da ɓata lokaci ba. Guntaye biyu aka haɗa aka yi ta, forth mai nufin "gaba", da with mai nufin "tare da", kamar dai a ce aikin ya tafi tare da maganar, kada a bar rata a tsakaninsu. Tsohuwar kalma ce ƙwarai, ta haura shekara 600 a bakin mutanen Ingila, tana kuma cikin fassarar Baibul ɗin nan ta zamanin Sarki James da aka buga a 1611, wadda aka daɗe ana karantawa a coci-coci da makarantun mishan na nan Kudu. In mai karatu ya tuna cewa tun 1859 aka buɗe makarantar CMS Grammar School a Legas, zai gane dalilin da ya sa akawun farko na ƙasar nan suka tashi da irin wannan Turancin a kunnensu. Ɗaya ƙofar da ta shigo ta ita ce ta shari'a. Nijeriya ta gaji dokokin Ingila na gama-gari waɗanda ke aiki a can ranar 1 ga Janairu, 1900, kuma wanda ya gaji riga ya gaji aljihunta. Lauyoyinmu sun karɓi dokar da harshenta baki ɗaya.

Abin da ƙamus ba zai gaya maka ba, wanda kuma shi ne ya sa ni wannan rubutu, shi ne cewa a wurin alƙalai kalmar ba ta nufin "cikin ƙiftawar ido". Kotunan Ingila sun daɗe da yin bayani cewa in doka ta ce a yi abu forthwith, abin nufi shi ne a yi shi da zarar ya yiwu, gwargwadon halin da ake ciki da kuma irin aikin, ba tare da jan ƙafa na ganganci ba. Wato in an ce ka miƙa makulli, wannan aikin minti biyar ne. In an ce ka kwashe tirela guda ta shinkafa, dole a ba ka lokacin neman mota da 'yan dako. Kalma ɗaya ce, amma tsawonta yana miƙewa yana takurewa. Shi ya sa na ce ba ta da agogo. Ba ta ce yau ba, ba ta ce gobe ba, ba ta ce ƙarfe nawa ba.

Kada wani ya ɗauka wannan wani sabon wayo ne na Turawa. Duk wanda ya zauna gaban malami ya karanta Ahalari ya san cewa a cikin farillan alwala akwai wanda ake kira fauru, wato jeranta wanke gaɓoɓi ba tare da an raba su da dogon lokaci ba. To da aka tambayi malaman Malikiyya, wane tsawon lokaci ne ke ɓata faurun, ba su ce minti kaza ba. Cewa suka yi a auna da bushewar gaɓa, ga mutum matsakaici, a yanayi matsakaici.  Malaman usulu ma sun yi doguwar muhawara a kan ko umurni yana wajabta a aikata nan take ko yana karɓar jinkiri. Saboda haka tunanin cewa "nan take" yana da fadi, kuma hankali ne ke yanke iyakarsa, abu ne da muka sani tun muna zaune a kan buzu. Sai dai in ya zo mana cikin haruffan boko da hatimin lauya, sai mu manta, gabanmu ya faɗi.

Akwai wata ma'ana ta uku da na ga ta fi kowacce bayyana halin masu son kalmar a ƙasar nan. A majalisar dokokin Birtaniya, in ƙa'idar zama ta ce a gabatar da wata tambaya forthwith, abin nufi shi ne a kaɗa ƙuri'a a kanta ba tare da muhawara ba. Ba maganar sauri ba ce kawai, maganar rufe baki ce. To wallahi wannan ita ce ma'anar da ta fi karɓuwa a wurin masu rubuto mana takardu. Mai gidan da ya sa aka rubuta maka ka tashi forthwith ya san sarai ba za ka iya samun ɗaki a Agege ko Idi-Araba cikin dare ɗaya ba. Ba lokacin yake nufi ba. So yake ya ce maka: ba na son jin ta bakinka.

Wannan hali kuwa yana da tarihi. Shekarun da muka yi a ƙarƙashin soja sun koya wa ofisoshinmu cewa umurni na ƙwarai shi ne wanda ba ya barin wurin tambaya. Marigayi Janar Murtala Muhammad, Allah Ya jiƙansa, da ya hau mulki a watan Yulin 1975, ya shahara da wata jimla 'yar uwar wannan kalma, wato with immediate effect, kuma da ita aka sallami ma'aikatan gwamnati fiye da 10,000 cikin 'yan watanni. Mutane da yawa sun yaba a lokacin, domin an gaji da lalaci da cin hanci, wasu kuma har yau suna ganin a nan ne ma'aikaci ya daina yarda cewa kujerarsa za ta kai shi fansho. Ba wannan muhawarar ce a gabana ba. Abin da na lura da shi shi ne, Murtala ya rasu a watan Fabrairun 1976, soja sun koma bariki a 1999, amma muryar ta zauna. Yau shugaban 'yan tasha da sakataren unguwa da wakilin mai gida, kowa in ya ɗauki biro sai ya rubuta kamar yana karanta jawabin juyin mulki a gidan rediyo.

Abin takaicin kuma, kalmar gudu take in ta nufo ƙasa, in ta nufi sama sai ta koma rarrafe. Ku tuna rikicin canjin kuɗi. Ranar 3 ga Maris, 2023, Kotun Ƙoli ta yanke hukunci cewa tsofaffin takardun naira 200 da 500 da 1,000 su ci gaba da aiki. Sai ranar 13 ga wata Babban Banki ya fito ya ce ya bi. Kwana goma cur mutane na riƙe da kuɗin da kotu mafi girma a ƙasa ta halatta, mai shayi na ƙin karɓa, direba na ƙin karɓa, kayan gwari na ruɓewa. Ko ku ɗauki Kanar Sambo Dasuki. Ba ina maganar yana da laifi ko ba shi da shi ba, wannan aikin alƙali ne. An kama shi a Disambar 2015, kotuna suka yi ta ba da belinsa, kotun ECOWAS ta ce a sake shi a watan Oktoban 2016, amma bai fito ba sai Disambar 2019. In gwamnati ce aka umurta, sai a ce ana nazarin hukuncin. In mai faci ne a bakin titi, kafin ya gama jin fassarar takardar an riga an ɗora injinsa a mota.

Yanzu bari mu zo kan abin da ya fi shafar aljihunmu, wato notis na gidan haya da shago. Mai karatu, kalmar forthwith ba ta soke doka. Dokar haya da Jihar Legas ta kafa a 2011 ta tsara cewa in babu wata yarjejeniya a rubuce da ta faɗi wani wa'adi daban, mai biyan haya wata-wata notis ɗin wata guda ne haƙƙinsa, mai biya duk wata uku ko duk wata shida a ba shi wata uku, mai biya shekara-shekara kuma wata shida. Bayan wannan wa'adi ya cika, sai a sake ba shi takardar kwana bakwai da ke sanar da shi cewa mai gida zai je kotu neman gidansa. Kotu ce ke fitar da mutum, ba mai gida ba. Dokar ta ma mai da shi laifi mai gida ya cire rufi ko ya yi barazana ko ya fitar da ɗan haya da ƙarfi, ta sa tarar da za ta iya kai naira 250,000 ko ɗaurin da zai iya kai wata shida. Ta kuma wajabta wa mai gida ya ba da rasit. Akwai unguwannin da ta cire daga ƙarƙashinta, irin su Ikoyi da Victoria Island da Apapa da Ikeja GRA, kuma kowace jiha da tata dokar, ta Badun daban, ta Inugu daban, ta Fatakwal daban. Amma asalin maganar ɗaya ne a ko'ina, ba a korar ɗan haya da takardar lauya kawai. Ko gwamnatin soja ta Legas da ta fitar da Ojukwu daga wani gida a Ikoyi da ƙarfin 'yan sanda alhali magana na gaban kotu, Kotun Ƙoli ta yi mata kaca-kaca a 1986.

Duk da haka na ga wani tela, mutumin kirki, mai mata da 'ya'ya huɗu, wanda ya biya kuɗin shekara, saura wata biyar kuɗinsa ya ƙare, aka kawo masa takarda mai kan lauya cewa an sayar da gidan, ya tashi forthwith. Cikin kwana biyu ya kwashe, ya raba 'ya'yan a gidajen 'yan uwa, ya kai keken ɗinkinsa shagon wani. Ko kuɗin wata biyar ɗin bai nema ba. Da aka yi masa magana sai ya ce shi baƙo ne, ba ya son fitina a garin mutane. Na fahimce shi, kuma duk wanda ya zauna a Kurmi ya ga yadda ƙaramar magana tsakanin mutum biyu kan rikiɗe ta zama ta ƙabila, kamar yadda aka gani a Mil 12 a 2016 da kasuwar Shasha ta Badun a 2021, ba zai yi masa dariya ba. Amma jama'a, tambayar wa'adin da doka ta ba ka ba fitina ba ce. Kuma wannan kalmar "baƙo" ya kamata mu riƙa auna ta. Unguwar Sabo ta Badun tun 1916 aka kafa ta. Akwai gidajen Hausawa a Agege da kakanninsu suka zo fataucin goro tun zamanin da jirgin ƙasa ya haɗa Ikko da Kano. Wanda aka haifi ubansa a gari, in har yanzu takarda mai kalma ɗaya za ta tashe shi cikin dare, to akwai gyara a wurinmu.

Gyaran farko shi ne rasit. Da yawanmu muna biyan haya hannu da hannu, a kan amana, ko ta hannun wani dillali da shi ma ba shi da takarda. Ranar da magana ta tashi, ba ka da abin da zai nuna ko kai mai biyan wata ne ko na shekara, alhali a kan wannan ne wa'adinka ya rataya. Sai kuma sanin inda ake zuwa. Gwamnatin Legas tana da Citizens' Mediation Centre inda ake sasanta mai gida da ɗan haya kyauta, tana da Office of the Public Defender mai ba marasa hali lauya, ga kuma Legal Aid Council ta tarayya da aka kafa tun 1976. Fadar Sarkin Hausawa tana da amfaninta wajen sulhu, ba na raina ta, sau da yawa ma ita ke kashe wuta tun tana hayaƙi. Amma zai yi kyau a ce kowace fada tana da wani yaro namu da ya karanta shari'a wanda za a riƙa miƙa wa irin waɗannan takardu, maimakon a miƙa wa duk wanda aka gani da biro a aljihu.

To amma fa kada a ce na ce a yi watsi da kowace takarda. In kalmar ta fito daga bakin alƙali, cikin umurnin kotu mai lambar ƙara da sa hannu da hatimin kotu, to wannan ba barazana ba ce. A nan ne faɗin da na ambata yake ƙarewa da wuri, domin alƙalin da ya ce a yi abu forthwith shi ne kuma zai auna ko ka yi jinkiri, kuma raina umurnin kotu na iya kai mutum gidan yari. A nan ne kuma mu muke da namu ciwon. An kawo sammaci, sai a ce a bari sai an dawo daga gida, a bari sai bayan Sallah, a bari Alhaji ya dawo daga Umara. Mutum ya ƙi zuwa kotu saboda yana ganin zuwa kotu abin kunya ne, a yanke hukunci a bayan idonsa, ranar da ma'aikatan kotu suka zo da 'yan sanda sai a ce an zalunce mu don mu 'yan Arewa ne. Wani lokacin zaluncin ne, wani lokacin kuwa takarda ce ta yi wata uku a ƙarƙashin katifa. Haka kuma wanda ya kafa rumfa a kan magudanar ruwa ko ƙarƙashin gada, dokar haya ba ta san da shi ba, gara ya san haka tun wuri. Saboda haka in takarda ta zo, tambayar farko ba "me kalmar nan take nufi" ba ce. Tambayar ita ce wa ya sa hannu, da wane iko, kuma wace rana aka rubuta.

Su kansu masu harshen sun fara gajiya da irin wannan Turanci. Tun 1979 aka kafa wata ƙungiya a Birtaniya mai suna Plain English Campaign, wadda ta fara aikinta da yayyaga takardun gwamnati a dandalin da ke gaban majalisa don nuna cewa talaka ba ya gane su. A 1999 kotunan Ingila suka sauya ƙa'idojin shari'ar da ba ta laifi ba, suka zubar da tsofaffin kalmomi da dama suka sa na yau da kullum. A 2010 Amurka ta yi doka sukutum da ta tilasta wa ma'aikatun tarayya su rubuta wa jama'a da harshe mai sauƙi. Masu kayan suna ajiyewa, mu da muka ara muna ƙara masa sitati.

Ba sai mun je Ingila neman misali ba ma. Tsarin mulkinmu na 1999, a sashe na 35, da ya ce a kai wanda aka kama gaban kotu cikin lokacin da ya dace, bai tsaya nan ba, sai ya fassara: kwana ɗaya in akwai kotu a cikin tazarar kilomita 40, in babu kwana biyu, ko abin da kotu ta ga ya dace. Ya kuma ce a sanar da shi dalilin kamun a rubuce cikin awa 24, da harshen da yake ji. Ko ana bi ko ba a bi wata magana ce, amma aƙalla akwai lambar da za ka riƙe ka ce an wuce ta. Haka lokacin da gwamnatin Legas ta hana acaba a ƙananan hukumomi shida a 2022, ta yi sanarwa ranar 18 ga Mayu ta ce dokar za ta fara aiki 1 ga Yuni. Hanin ya yi wa dubban yaranmu ciwo, har yau wasu ba su farfaɗo ba, amma mako biyun nan ya ba wasu damar sayar da babur, wasu suka loda nasu a tirela suka yi gida, wasu suka koma unguwannin da ba a hana ba. Da forthwith aka ce, da a hannun 'yan kamu za su ji labari. Ban ce sa rana shi ne adalci ba. Mutanen Maroko kwana bakwai aka ba su a watan Yulin 1990 kafin a rushe matsugunin mutum wajen 300,000, kuma babu mai hankalin da zai ce an kyauta musu. Amma rana abu ce da za ka iya kai wa kotu ka ce ta yi kaɗan. Kalmar da ba ta da rana, da me za ka kama ta?

Abin da ya fi ba ni haushi na bar shi sai yanzu, domin namu ne. Ku duba allon sanarwa na ƙungiyoyinmu, na 'yan gwari, na mahauta, na 'yan canji, na masu shanu. Mambobi Hausawa, shugaba Bahaushe, ma'aji Bahaushe, a taro da Hausa aka yi magana har aka watse. Amma in sakatare ya zo rubuta abin da aka zartar, sai ya koma dogon Turanci, ya jero hereby da henceforth, ya rufe da forthwith, ya manna. Mutum goma su taru a gaban takardar suna jiran wanda zai karanta musu abin da su da kansu suka yanke jiya. Na tambayi wani sakatare dalili, ya ce ai in ba a sa irin waɗannan kalmomi ba mutane ba sa ɗaukar abin da muhimmanci. Wato mun koyi tsoratar da junanmu da sandar da ake tsoratar da mu. Na yarda akwai takardun da dole a yi su da Turanci, waɗanda za su je ƙaramar hukuma ko ofishin 'yan sanda ko banki. Amma wadda za a manna a ƙofar masallacin kasuwa fa, don wa aka yi ta?

Kuma ba rashin kalmomi ne ya kai mu ba. Hausa tana da yanzu, tana da yanzu-yanzu, tana da nan take, nan da nan, maza-maza, take-yanke, kafin ka ce kwabo. Tana da an jima, da in an jima kaɗan, da tukuna. Kowacce da nauyinta, kuma yaro ɗan shekara bakwai ya san bambancin "zo yanzu" da "ka zo an jima". Yarabawa na da kiakia, masu Turancin buroka na da nasu. Sai dai gaskiya ita ce su ma waɗannan ɗin ba su da agogo, duk wanda Bahaushe ya taɓa ce wa "ina zuwa yanzu" ya san haka. Abin da iyayenmu suka fi dogara da shi in magana ta kuɗi ce ko ta alkawari shi ne su ɗaure ta a jikin wani abu da kowa ke gani: kafin La'asar, bayan an sauko Juma'a, ranar da motar Talata ta iso, kwana uku bayan Sallah. Fatoma da baƙonsa a cinikin shanu da goro, da irin wannan wa'adin suka yi shekara da shekaru suna ba da bashi suna karɓa tsakanin Kano da Badun, ba lauya ba hatimi.

A wata kasuwa da nake shiga, kwanakin baya aka so a gyara kwata, ana bukatar masu tebur a layi guda su janye kayansu. Wani dattijo a cikin shugabannin ya hana a buga takardar Turancin da aka riga aka tsara. Ya sa aka rubuta da Hausa, da boko da ajami, aka kuma yi ta Yarabanci saboda matan da ke layin: duk mai tebur a layin kwata ya janye kayansa kafin La'asar ranar Asabar, za a fara haƙa Lahadi da safe, aikin kwana huɗu ne, kowa zai koma wurinsa, mai magana ya samu shugaba a ofis kafin Alhamis. Sakataren ya yi ta gunaguni wai takardar ba ta yi kama da ta ofis ba. Mutum uku suka je ofis kafin Alhamis ɗin, ɗaya ya ce yana da kayan da za su iso Asabar da dare, aka nema masa inda zai sauke a bayan masallaci. Ranar Asabar da aka idar da La'asar tebur biyu ne kawai suka rage a layin, masu su kuma sun yi tafiya gida, maƙwabtansu suka ɗauke musu.